Babi na Biyar: Makaɗin Pegana

A shekarar 1905 aka buga wani siririn littafi a Landan, wanda mai karatu zai iya gamawa a zama ɗaya. Sunansa The Gods of Pegāna, wato gumakan Pegana. Pegana ba ta cikin taswirar kowa, gumakanta kuma ba a taɓa yanka musu ko kaza ba, domin dukansu daga kan mutum ɗaya suka fito. Shekarunsa 27 a lokacin, ba wanda ya san shi da rubutu, har sai da ya biya kuɗin ɗab'i daga aljihunsa kafin maɗaba'ar Elkin Mathews ta fitar da littafin. Amma yau duk wanda ya bi salsalar labaran ƙagaggun duniyoyi, irin na marubuci J. R. R. Tolkien da waɗanda suka biyo bayansa, sai ya tarar da wannan ɗan littafi can kusa da tushe.

Sunan marubucin Edward Plunkett, sai dai an fi saninsa da sarautar gidansu, Lord Dunsany. Shi ne na 18 a jerin waɗanda suka riƙe wannan sarauta ta gado, ya hau ta a 1899 bayan mutuwar mahaifinsa, kuma gidansu tsohuwar fada ce ta dutse a gundumar Meath ta ƙasar Ailan. An haife shi a Landan a 1878. Soja ne, ya yi makarantar hafsoshi ta Sandhurst, ya je yaƙin Boer a Afirka ta Kudu, daga baya ya shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya, a tawayen Dublin na 1916 kuma harsashi ya same shi a fuska. Maharbi ne, gwanin darar Turawa, kuma da alƙalamin gashin tsuntsu yake rubutu a zamanin da keken rubutu ya cika ofisoshi. Wanda ya ji wannan tarihi zai ɗauka littafinsa na farko labarin dawakai da bindigogi ne. Sai ga shi ya kawo littafin da babu jarumi a ciki, babu gimbiya, babu soyayya. Gajerun babobi ne da aka rubuta da murya irin ta tsofaffin littattafan addini, kamar wata al'umma da ba ta taɓa wanzuwa ba ce ta bar su gado. Shi da kansa ya faɗi inda ya samo muryar: a makarantar da ya yi yana yaro an sa shi ya lazimci Littafi Mai Tsarki na Kirista, fassarar Turanci ta zamanin Sarki James, ta 1611, har tafiyar jimlolinta ta zauna masa a kunne.

Ba shi ne Bature na farko da ya ƙagi ababen bauta a takarda ba. Fiye da shekara ɗari kafin shi, mawaƙin Ingila William Blake ya yi nasa, har da wani maƙeri mai suna Los da ya danganta da lokaci. Amma Blake wahayi yake ganin ana yi masa, da gaske yake. Dunsany kuwa ya san labari yake shiryawa, kuma ya san mai karatu ya sani. Daga nan ne hanyar da marubuta suka bi a ƙarni na ashirin ta rabu.

Littafin ya buɗe da hazo. Kafin a fara komai, Ƙaddara da Dace suka jefa ƙuri'a don a san na wanda wasan zai zama. Wanda ya ci ya ratsa hazon ya je wurin babban gunki, Mana-Yood-Sushai, ya umarce shi ya ƙera masa gumaka. To, wa ya ci? Littafin ya ƙi faɗa, daga farkonsa har ƙarshensa. Wannan ƙin faɗar ita ce harsashin ginin duka. Duk abin da zai faru a gaba, haihuwa ko annoba, ɗaukakar birni ko rushewarsa, mai karatu ba zai taɓa sanin rubutacce ne ko kuwa faɗuwa ce kawai ta zo daidai da zama ba. Gumakan ma ba su sani ba.

Daga nan sai makaɗi ya shigo, kuma saboda shi na keɓe wannan babi. Da Mana ya gama ƙera gumaka, ya ƙera wani mai suna Skarl. Skarl ya haɗa ganga, ya zauna a kan hazo daidai ƙafafun ubangidansa, sama da sauran gumakan, ya fara kiɗa. Gajiyar aiki da sautin gangar suka haɗu suka sa Mana gyangyaɗi, har barci ya kwashe shi. Da gumaka suka ga haka sai kowa ya yi tsit. Ko da za su yi shawara a junansu, da hannu suke magana don kada su keta shirun, kuma da ɗaya daga cikinsu, Kib, ya buɗe baki ya yi magana irin ta mutane, sauran sun yi fushi da shi. A cikin wannan barci na babbansu ne suka sami sarari suka yi duniyoyi da ranaku da wata da mutane, don su sami abin wasa. Ka'idar kuwa ɗaya ce. Muddin ganga tana tashi, Mana yana barci, komai yana tafiya. Ranar da ta tsaya, ko da na ƙiftawar ido ne, zai farka, kuma ba gumaka ba duniyoyi.

Dunsany ya ba Skarl babi guda wanda bai wuce shafi ɗaya ba, amma a cikinsa ya sa wata ƙaramar magana da ta fi duk sauran littafin nauyi a wurina: wani lokaci damtsen makaɗin yakan gaji. Ka tsaya ka duba wannan da kyau. Ga gumaka can ƙasa suna wasa da taurari, ga sarakuna suna gina birane, ga masu duba suna jayayya kan abin da ba su sani ba, duk wannan hada-hada a rataye take a kan damtse ɗaya mai ciwo. Ba a yi wa Skarl addu'a, ba a gina masa ɗakin bauta, ba wanda ya taɓa ganinsa. Rani da damina, dare da rana, yana zaune ya ba duniya baya yana kallon ƙafafun mai barci. Ba a yi masa alkawarin lada ba. Idan ƙarshe ya zo, littafin ya ce zai saɓa gangarsa a baya ya nufi sararin da ke bayan duniyoyi, wataƙila ya sami wani ubangidan, wataƙila ya halaka, kuma duk ɗaya ne a wurinsa tunda ya sauke abin da aka ɗora masa. A cikin taron gumakan nan kaf, shi kaɗai ne yake aiki, saura wasa suke yi.

Wanda ya taɓa tsayawa a bakin gona ranar gayya ya san rabin wannan magana. Makaɗin gangar noma ba ya riƙe garma, ba ya huɗa kunya ko ɗaya, amma duba ƙafafun samarin: da bugunsa suke ɗagawa, da bugunsa suke saukewa. Zufa tana zuba daga goshinsa, igiyar ganga ta ci masa kafaɗa, amma ya san da ya saki hannu layin zai warwatse, wannan ya miƙe ya riƙe ƙugu, wancan ya nufi inuwa. Bambancin shi ne, gangarmu tayar da mutane take yi, ta zuga su. Ta Skarl kwantarwa take yi. Dunsany ya juya aikin ganga ya mai da ita abin lallashi, sa'an nan ya mai da shiru abin tsoro. A Pegana shiru ne zai faɗo kamar aradu.

Me ya sa sauti? Ai yana iya cewa duniya gini ce, ko saƙa, ko sassaƙa, kamar yadda tatsuniyoyin al'ummu da yawa suka ce. Ina ganin dalilin yana cikin halin sauti kansa. Abin da aka gina ko aka sassaƙa yana nan ko mai shi ya tafi, ko ya mutu ma. Sauti kuwa ba ya zama. Bugu ɗaya yana mutuwa kafin na biyu ya zo, kuma in ba a sake bugawa ba, shi ke nan, babu abin da ya rage a hannu. Ido yana iya ɗaukar abu gaba ɗaya a kallo guda, amma kunne dole ya jira, wannan bayan wancan, ba tsallake ba komawa baya. Don haka duk wanda ya ce duniya kiɗa ce, ya riga ya ce abu biyu a tare: lokaci a cikin jikinta yake, kuma ba ta da ikon tsayuwa da kanta, sai an yi ta sabunta ta kowane numfashi. Littafin ma ya kawo ra'ayin wasu masu cewa duniyoyi da ranaku amsa-kuwwar gangar Skarl ce kawai, da na wasu masu cewa mafarkai ne da kiɗan ke haddasawa a kan mai barci. A nan ma bai yanke hukunci ba.

Lokaci da ƙaddara kuma bai damƙa su a hannu ɗaya ba, rarraba su ya yi. Akwai Sish, mai halaka sa'o'i, wanda Lokaci karen farautarsa ne. Sish bai taɓa ja da baya ba, bai taɓa tsayawa ba. A gabansa Kib ne mai aiko da rai, a bayansa Mung ne mai mutuwa, duk abin da ke gabansa ɗanye shar, duk abin da ya wuce ya yanƙwane. Akwai Dorozhand, gunkin makoma, wanda idan ya ɗora ido a kan mutum sai ya zama kibiyar da aka harba zuwa inda shi kansa bai gani ba. Sauran gumakan suna tsoronsa, domin sun lura idanunsa suna hangen wani abu da ke gaba da su.

Sai kuma Trogool, wanda aka ce shi ba gunki ba ne ba kuma dabba ba. Yana zaune can ƙarshen kudu, a bakin iyakar duniyoyi, a cikin tarin duwatsun da gumaka suka rage ba su yi amfani da su ba. A gabansa akwai wani ƙaton littafi, aikinsa kawai buɗe shafi: baƙi, fari, baƙi, fari. Baƙin shafi dare ne, farin shafi rana. Wani mai duba da ake kira Yadin, wanda mutuwa ta raba shi da wani nasa, ya bi wasu tsuntsaye har ya isa wurin, ya roƙi a mayar masa da shafukan baya zuwa inda sunan mamacin yake. Trogool bai ko ɗago kai da tausayi ba, ya sanar da shi cewa shafin da aka buɗe ba ya komawa. Wannan ɗan labari yana da zafi, domin babu mai karatun da bai taɓa yin roƙon Yadin a zuciyarsa ba. Ka lura kuma da yadda baƙi da fari suke bin juna a hannun Trogool: bugun gangar Skarl ne aka mayar abin gani da ido.

Shekara guda bayan haka, a 1906, Dunsany ya fitar da littafi na biyu, Time and the Gods, kuma a nan ne ya saki Lokaci daga igiya. A labarin farko gumaka suna da wani birni na farin dutse, Sardathrion, wanda suke so fiye da komai, suna ganin shi dai ba abin da zai taɓa shi. Suna zaune suna hirarsa sai ga bawansu Lokaci ya shigo, hannuwansa jina-jina, ya gaya musu ya rushe shi. Da babbansu ya tambaya ko da gaske birnin ya tafi, sai bawan ya dube shi ido cikin ido yana shafa ƙotar takobi. A ranar ne gumakan suka gane cewa wanda suke aika ya kashe musu wasu, wata rana kansu zai juyo.

Wanda ya fi kama ni shi ne labarin Karnith Zo, saurayin sarkin ƙasar Alatta. Fadawansa suna zuga shi ya ci ƙasar maƙwabta da yaƙi, shi kuwa sai ya ga abin da tsufa ya yi wa mutanensa da gine-ginensu, ya tambaya wa ya yi wannan ɓarna, aka ce masa Lokaci. Sai ya ɗaura yaƙi da shi. Ya ja runduna suka yi ta tafiya har suka iske shi a hasumiyarsa a kan tudu. Aka busa, dakaru suka hau da gudu. Lokaci bai zaro takobi ba, bai harba kibiya ba. Shekara biyar ya ɗebo ya jefa musu. Suka ci gaba da hawa, amma yanzu ba samarin ɗazu ba ne. Ya ƙara jefo wasu shekarun. Gwiwoyi suka sage, furfura ta fito, numfashi ya gajarce, tudun da suka raina ya gagare su. Suka juyo gida tsofaffi, suka tarar abokin gaban ya riga su isa, ya cinye garinsu. A shafuka kaɗan Dunsany ya faɗi abin da wasu ke cika littafi guda ba su faɗa ba, kuma soja ne ya rubuta shi, wanda ya san yadda hawan tudu a gaban maƙiyi yake.

Hotunan littattafan nan biyu aikin Sidney Sime ne, mutumin da ya yi aikin haƙar kwal yana yaro kafin ya koyi zane. Haɗuwar ɗan sarauta da tsohon ɗan mahaƙa ta yi albarka, har a wani littafi na 1912, The Book of Wonder, suka juya tsarin: Sime ya fara zana hotuna, Dunsany ya bi su da labarai.

Yanzu sai mu zo ga abin da na san yana cin mai karatu tun daga shafin farko na wannan babi. Musulmi, ko Kirista mai riƙo da addininsa, me ya haɗa shi da littafin gumaka? Tambaya ce ta gaskiya, kuma ba zan kauce mata ba. A farkon The Gods of Pegāna akwai jimlar da ta ambaci sunan Allah da ganganci, ta jera shi da gumakan Girkawa don kawai ta nuna daɗewar gunkin marubucin. Ba zan kawo ta ba, kuma ba ni da uzurin da zan ba ta. Irin rainin da Turawan zamanin mulkin mallaka suke yi wa abin da wasu ke girmamawa ne, suna ɗaukar Gabas da addinanta kamar kantin kayan ado, a tsinci suna a nan, a tsinci rawani a can. Sunayen Pegana da yawa ma da wannan ƙamshin na aro aka ƙera su. Wanda ya ga jimlar ya rufe littafin, bai yi laifi ba.

Amma wanda ya ci gaba zai ga wani abu da ya riga ya sani daga karatunsa na addini. Lokacin nan na Dunsany, kare mai cin komai, bawa mai jini a hannu, ba sabon abu ba ne. Shi ne zamanin da Larabawan jahiliyya suke kuka da shi a waƙoƙinsu, suna cewa ba abin da ke halaka su sai shi. Alƙur'ani ya kawo wannan magana tasu a Suratul Jasiya, ya kuma nuna cewa zato ne kawai ba ilimi ba. Hadisi ingantacce a Bukhari da Muslim ya hana zagin zamani, domin Allah ne mai juya dare da rana. Manat ma, ɗaya daga gumakan da aka ambata a Suratun Najmi, da ƙaddara da ajali aka danganta ta. Ashe ɗan Adam, a hamadar Larabawa ko a fadar dutse ta Ailan, idan ya dubi tsufa da mutuwa ba tare da ya ga hikima da rahama a bayansu ba, hoto ɗaya yake zanawa. Pegana ita ce duniya kamar yadda take bayyana ga wanda ya ga ƙaddara amma bai ga Mai ƙaddarawa ba: babba yana barci, ba a roƙonsa, ƙanana suna wasa, littafi yana buɗuwa ba mai jin kuka. Ban san wani marubuci da ya zana wannan kaɗaici da kyau kamar Dunsany ba, kuma mai imani yana ƙaruwa da ganinsa, domin yana nuna masa girman abin da yake riƙe da shi.

Wani wuri ɗaya ne nake ganin ya yi rauni a kan nasa tsarin. A babin ƙarshe ya kawo wani tsuntsun halaka, Mosahn, wanda zai tashi ya shelanta ƙarshen duniya da murya irin ta ƙaho. Wannan aro ne daga littattafan addini, inda busa ƙaho ke sanar da tashin kiyama, kuma a bakin tsuntsun ƙage ba shi da nauyin da yake da shi a can. Shirun gangar ya fi shi firgitarwa nesa ba kusa ba, kuma shi ne nasa na kansa.

Gangar ba ta tsaya a littafinsa ba. A 1919 wani marubucin Amurka, H. P. Lovecraft, ya karanta Dunsany, ya kuma je ya saurari laccarsa a Boston a wannan shekarar, ya dawo ya yi shekaru yana kwaikwayonsa. A cikin abubuwan tsoron da ya ƙaga akwai Azathoth, wani makahon dodo marar hankali a tsakiyar hargitsi, kewaye da ganguna da sarewa. Ana ganin jinin Mana da Skarl a jikinsa, sai dai Lovecraft ya cire mutuncin ya bar firgicin. Makaɗansa ba su da damtsen da ke gajiya, ba su da amanar da suke saukewa, saboda haka ba sa taɓa zuciya.

J. R. R. Tolkien ne ya ɗauki batun sauti ya kai shi wani wuri dabam. Ya fara rubuta labarin halittar duniyarsa jim kaɗan bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, amma bai fito ba sai 1977, a farkon The Silmarillion, shekara huɗu bayan mutuwarsa, a hannun ɗansa Christopher. Tolkien ɗan Katolika ne mai riƙo, kuma hakan ya fito sarari. A wurinsa mahalicci ɗaya ne, Eru Ilúvatar, kuma ba barci yake yi ba. Ya ba halittunsa na farko, Ainur, jigon waƙa, suka rera a gabansa. Mafi ƙarfinsu, Melkor, ya so ya cusa nasa son rai, ya shigo da wani sauti mai ƙara da maimaici wanda ya dagula taron. Ilúvatar ya tayar da jigo na biyu, aka sake dagula shi. Ya tayar da na uku, mai taushi da baƙin ciki, wanda ya riƙa ɗaukar mafi ƙarfin sautukan Melkor yana saƙa su cikin nasa tsarin. Bayan an gama sai aka nuna musu cewa abin da suka rera tarihin duniya ne tun daga farko, aka kuma gaya wa Melkor cewa duk abin da ya yi don ɓatawa zai koma kayan aikin wani abu da ya fi kyau. Waɗanda suka sauka cikin duniyar suka tarar ba a yi komai ba tukuna, lokaci yanzu ya fara, sai sun yi aiki kafin abin da suka rera ya tabbata. Waƙar ta zama ƙaddara ga kowa da komai, in ban da 'yan Adam, waɗanda aka ba ikon tsara rayuwarsu har gaba da abin da ke cikinta, aka kuma ba su mutuwa a matsayin kyauta.

In kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya. Da Dunsany da Tolkien duk sun ce duniya daga sauti take, amma na farko bugu ɗaya ne ake maimaitawa don kada a farka, na biyu kuwa waƙa ce mai mafari da tsakiya da inda ta dosa. A Pegana mugunta da alheri duk wasa ne. A wurin Tolkien mugunta tana da zafi na gaske, amma ba ita ke da maganar ƙarshe ba. Abokinsa C. S. Lewis ya bi wannan sawu a 1955, inda zaki Aslan ya rera ƙasar Narnia ta wanzu. Har wasannin kwamfuta abin ya kai: a Skyrim na kamfanin Bethesda, wanda ya fito a 2011, gunkin lokaci Akatosh siffar dodon maciji mai fiffike gare shi, kuma dodannin wasan da murya suke yaƙi.

Idan aka ce in zaɓa, ginin Tolkien ya fi girma, ya fi zurfi, ya kuma fi kusa da zuciyar mai imani. Dunsany yana da gajiyarwa in an daɗe tare da shi, mutanensa ba su da fuska, kuma salonsa tarko ne ga mai koyo, kamar yadda marubuciya Ursula Le Guin ta gargaɗi sababbin marubuta a wata maƙala ta 1973. Duk da haka, a cikin dukan mawaƙan Tolkien babu guda da ya zauna mini a rai kamar makaɗin nan mai shafi ɗaya. Ainur suna rerawa ne a gaban mai sauraro da zai yaba musu. Skarl yana yi wa mai barci kiɗa, kuma alamar ya iya aikinsa ita ce kada a taɓa sanin yana yi.

Marubutanmu na Hausa ba baƙi ba ne a fagen ƙaga duniyoyi. Tun gasar rubutu ta 1933 da ta haifar da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara muke da jarumai masu shiga ƙasashen aljanu, kuma har yau littattafan yaƙi da sihiri suna da masu karatu. Abin da nake yawan rasawa a cikin na yanzu shi ne ka'ida: takobin jarumi yana yin duk abin da marubuci ya ga dama a shafin da ya ga dama, shekaru suna wucewa ba wanda ya tsufa. Ba gumaka nake cewa a ƙaga ba, ba mu da bukatarsu. Kafin ka ba jaruminka takobi, ɗan'uwa marubuci, ka zauna ka yanke wa kanka a kan me duniyar labarinka ta rataya, wa ke ɗauke da nauyinta, me zai sa ta ƙare, sa'an nan ka tsare wannan ka'ida har shafin ƙarshe. Dunsany ya mutu a Dublin a 1957, littafinsa kuma yana nan kyauta a ɗakin karatun intanet na Project Gutenberg. Ka nemi babin makaɗin ka karanta shi da babbar murya, ka ga yadda aka kafa irin wannan ka'ida a shafi ɗaya.